Gado da Hauzi: Tushen Rikicin Dukiyar Mamaci a Mairuwa da Kewayenta

1.0 Gabatarwa

Duk wanda ya saba da zaman kotun alƙali a ƙasar Hausa ya san cewa ƙarar gado tana cikin shari'o'in da suka fi daɗewa ba a gama ba, tana kuma cikin waɗanda suka fi raba zumunta. Abin mamaki shi ne, da wuya a sami wani fanni na shari'ar Musulunci da aka ƙayyade dalla-dalla kamar rabon gado. Ayoyi uku na Suratun Nisa'i, watau ta 11 da ta 12 da ta 176, sun yanka wa mafi yawan magada rabonsu. Littattafan Malikiyya da ake karantawa a zaurukanmu, irin su Risala ta Ibn Abi Zaid da Muhtasar na Halil da Tuhfa ta Ibn Asim, sun ƙarasa bayanin saura. To, in lissafi a fili yake haka, a kan me ake jayayya shekara da shekaru?

Abin da wannan maƙala za ta yi ƙoƙarin nunawa shi ne, galibin abin da ake kira rikicin gado a karkara rikici ne a kan mallaka. Magada sun san ɗa namiji yana da rabo biyu, mace ɗaya. Inda suke saɓawa shi ne wace gona ce ta mamaci, wace ce ya riga ya bayar, wace ce kuma ta wani a hannunsa. Za a ɗauki Mairuwa da ƙasashen Faskari da Sabuwa da Ƙanƙara a matsayin fagen nazari, a duba yadda al'adar noma da kalmomin Hausa da hukuncin shari'a suke cuɗanya a cikin wannan al'amari.

2.0 Ƙasar da darajar gonarta

Mairuwa gari ne a Ƙaramar Hukumar Faskari ta Jihar Katsina, a kan hanyar Funtuwa zuwa Gusau, an kuma san shi da madatsar ruwan da aka gina domin shayar da Funtuwa. Yankin yana cikin abin da ake kira Katsina Laka, watau kudancin ƙasar Katsina mai ƙasa mai nauyi da wadatar ruwan sama, saɓanin jigawar arewa. A farkon ƙarni na 20 akwai daji mai yawa a wannan shiyya. Baƙo ya kan zo wurin mai gari ya nemi wuri, a nuna masa daji ya sare, gona ta zama tasa da 'ya'yansa. Zuwan jirgin ƙasa daga Zariya zuwa Funtuwa da Gusau a ƙarshen shekarun 1920, da gonar irin auduga da Turawa suka kafa a Daudawa, sun jawo manoma daga arewacin Katsina da Kano da Sakkwato.

Muddin akwai dajin da za a sare, gadon gona bai cika tā da hankali ba, domin wanda bai samu ba sai ya nausa gaba. Al'amari ya sake sa'ad da daji ya ƙare, musamman bayan shirin bunƙasa noma na Funtuwa wanda Bankin Duniya ya tallafa wa daga 1975 zuwa 1980, wanda ya haɗa da gundumomin Faskari da Ƙanƙara. Takin zamani da noman masara da garmar shanu suka mai da gona abin saye da sayarwa da tsada. Gonar da kaka ya bayar da baki a gindin bishiya, yau jikoki suna kallonta da idon kuɗi.

Ta fuskar doka, Dokar Ƙasa ta Jihar Arewa ta 1962, da Dokar Amfani da Ƙasa ta 1978 da ta biyo bayanta, sun ɗora ƙasa a hannun hukuma, manomi kuwa haƙƙin zama da amfani yake da shi. Amma dokar 1978 ta bar gadon wannan haƙƙi ga ƙa'idar da mutane suke bi, wadda ga Musulmin wannan yanki ita ce shari'a bisa mazhabar Malik.

3.0 Kalmomi da lissafi

Kalmar gado mai dogon wasalin farko, wadda ta bambanta da gadon kwana a lafazi ko da yake rubutunsu ɗaya ne, Bahaushiya ce tsantsa. Daga aikatau gada ake samun ya gaji ubansa, da magaji da magajiya da magada. Faɗinta ya wuce dukiya, domin ana gadon sarauta da sana'a da hali, har da ciwo. Karin maganar nan, gadon gida alala ga raggo, tana nuna cewa Bahaushe ya fara fahimtar gado a matsayin nauyi da ake ɗauka. Kalmomin rabo kuwa kusan duk daga Larabci suke: tarika, watau abin da mamaci ya bari, da rubu'i da tumuni da sulusi da sudusi da asaba da wasiyya. Daga cikinsu tumuni ya shige cikin harshe har ya haifi tumunin takaba, watau kashi ɗaya cikin takwas da matan mamaci suke samu in yana da ɗa ko 'ya.

Kafin a yi rabo, shari'a ta tsara abin da za a fitar bi da bi. Farko haƙƙin da ya rataya a kan wani abu takamaimai, kamar gonar da take jingine. Sa'an nan kuɗin likkafani da jana'iza, sa'an nan bashi, sa'an nan wasiyya wadda ba ta wuce sulusi ba. Abin da ya rage shi ne na magada. Alal misali, magidanci ya rasu ya bar mata biyu da 'ya'ya maza uku da mace ɗaya, da gona eka 16. Matan za su raba eka 2, kowace ɗaya. Kowane ɗa namiji zai sami eka 4, 'yar kuma eka 2. Wannan lissafi ɗalibin da ya sauke Risala zai yi shi kafin shayi ya huce. Wahala tana farawa ne sa'ad da babban ɗa ya ce eka 5 daga cikin 16 ɗin nan tasa ce tun mahaifinsu yana da rai.

4.0 Inda rikici yake tsirowa

4.1 Gandu da gayauna

A tsarin gandu, 'ya'ya maza, har da masu aure, suna yi wa mahaifinsu aiki a babbar gona, shi kuma yana ɗauke da ci da haraji da hidimar aurensu. Ya kan yanka wa kowanne gayauna ya noma wa kansa da yamma ko a ranakun da ba na gandu ba. M. G. Smith ya bayyana wannan tsari a ƙasar Zazzau a littafinsa na 1955, Polly Hill kuma ta bayyana shi a Ɓatagarawa kusa da Katsina a littafinta Rural Hausa na 1972. Tambayar da uba ba ya amsawa har ya rasu ita ce: gayaunar nan aro ce ko kyauta? Ɗan da ya shekara ashirin yana kai mata taki yana ganin tasa ce. Ƙannensa, musamman na wani ɗaki, suna ganin yanki ce ta gandu da ya kamata ta koma cikin tarika.

Haka kuma abin da aka saya da amfanin gandu, kamar shanun noma da amalanke da injin niƙa da sabuwar gona. Babban ɗa ya kan ce guminsa ne ya sayo su tun ƙannensa suna goye. A shari'a, abin da yake hannun uba da sunansa nasa ne, sai in ɗan ya kawo shaidar tarayya. A nan ne 'yan ubanci ya kan sami ƙofa, domin a gidan mata da yawa 'ya'yan uwargida ne suka fi daɗewa a gandu, 'ya'yan amarya kuwa su ne ƙanana masu bukatar rabo cikakke.

4.2 Kyauta da aikatau ba

Babban abin lura ga mai nazarin harshe shi ne yadda aikatau ba yake ɗauke da ma'anoni da shari'a ta rarrabe. Uba zai ce wa ɗansa na ba ka gonar rafi, yana nufin ka noma ta bana, ko ka ci amfaninta muddin ina da rai, ko ta zama taka har abada. Akwai lafuzzan da suka fi fayyacewa, irin su na ara maka, na bar maka, na mallaka maka, amma kunya da kara da ke tsakanin uba da ɗa, balle ɗan fari, ba su cika barin a yi magana filla-filla haka ba. Haka nan ake cewa wane yana cin gonar, alhali ci bai nuna ko shi ne mai ita ba. Shaidun da suka ji na ba ka shekara talatin da suka wuce za su iya faɗin gaskiya dukansu, su kuma saɓa a kan abin da aka nufa.

Malikiyya sun warware wannan da sharaɗin karɓa. Kyauta ba ta cika sai wanda aka ba ya karɓi abin ya shiga hannunsa tun mai bayarwa yana da rai da lafiya. In mai kyauta ya rasu gona tana hannunsa, kyautar ta ɓaci, gona ta koma tarika. An yi sauƙi ga ƙaramin yaro, domin uba yana iya riƙe masa abin da ya ba shi in ya kafa shaidu, sai dai in gidan da uban yake zaune a ciki ne, wannan sai ya fita daga cikinsa. Kyautar da aka yi a ciwon ajali kuwa hukuncin wasiyya take ɗauka, watau ba ta wuce sulusi, kuma ba ta zartuwa ga magaji sai sauran magada sun yarda. Saboda haka maganar da tsoho ya yi a kan gadon jinya cewa gidan nan na auta ne ba ta hana rabo.

4.3 Aro da jingina da riƙo

Wani kashi na gonakin da ake samu a hannun mamaci na wasu ne. Akwai aro, wanda maƙwabci ko suruki ya bayar don zumunci. Akwai jingina, inda mai gona ya karɓi kuɗi ya ba da gonarsa a riƙa nomawa har ranar da zai biya. Akwai riƙo, inda baffa ko wa yake kula da rabon marayu ko na wanda ya tafi cin rani bai dawo ba. Muddin waɗanda suka ƙulla abin suna raye, kowa ya san matsayinsa. Da sun kau, 'ya'yan mai riƙo da suka buɗe ido suka ga ubansu yana noman gonar ba su san wani mai ita ba, 'ya'yan mai gona kuma labari kawai suka ji daga uwarsu. Hausawa sun ce zanen aro ba ya rufe katara, amma aron gona ya kan daɗe har a manta aro ne.

4.4 Hauzi

A nan ne hauzi yake shigowa, watau daɗewar abu a hannun mutum har ta hana a saurari ƙarar wani a kansa. Ƙa'idar da kotunanmu suke bi ita ce, in wanda ba dangi ba ya riƙe gona ko gida shekara 10 yana amfani da shi amfanin mai abu, mai da'awa kuwa yana nan yana gani, ya yi shiru ba tare da wani abin da ya hana shi magana ba, to, ba za a saurari ƙararsa ba. Tsakanin dangi an tsawaita wa'adin zuwa shekara 40, domin an san ɗan'uwa ya kan yi wa ɗan'uwa kawaici. Hauzi ba ya aiki in an tabbatar cewa asalin shigar abin hannu aro ne ko jingina ko amana, komai daɗewa. Ba ya kuma aiki a kan yaro har ya balaga, ko wanda ba ya gari, ko wanda tsoron mai iko ya rufe masa baki.

Ke nan shari'ar gona ta kan koma kan tambayoyi biyu: ta yaya gonar ta shiga hannu, kuma me ya sa mai da'awa ya yi shiru? Jinkirin rabo yana ƙara dagula su. Gidaje da yawa su kan bar gandu a dunƙule a hannun babban wa don gudun a ce sun watse. Kafin a farga wasu magada sun rasu sun bar nasu magadan, gado ya hau kan gado, abin da malaman fara'ili suke kira munasaha. In kuma wani ya sayar da rabonsa ga bare tun ba a raba ba, sauran suna da haƙƙin shufa'a, watau su biya kuɗin su karɓe, amma haƙƙin yana faɗuwa in sun sani suka yi shiru kimanin shekara guda.

5.0 Rabon mata

Shari'a ba ta bambanta gona da sauran dukiya wajen rabon mace ba, amma al'ada ta daɗe tana bambantawa. Polly Hill ta lura cewa a Ɓatagarawa galibi 'ya'ya maza ne suke raba gonaki a tsakaninsu. A Kano abin ya taɓa zama hukuncin fada, domin a 1923 Sarki Usman ya hana mata gadon gidaje da gonaki, sai a 1954 Sarki Muhammadu Sanusi ya mayar musu da haƙƙinsu, kamar yadda Steven Pierce ya bi diddigi a bincikensa. Hujjar da ake kafawa a ƙauye ita ce mace aure za ta yi, gonar gida kuma za ta koma hannun miji. Sai a ce rabonta yana wurin wanta, in ta zo ganin gida a ɗaura mata damin dawa.

Wannan riƙo shi ne tushen ƙararraki masu yawa, waɗanda sau da yawa 'ya'yan macen ne suke kai kawunnansu ko 'ya'yan kawunnansu bayan ta rasu. Masu riƙo su ce hauzi, ko su ce ta yafe. Masu nema su ce amana ce, damin dawan nan da ake ba ta kuwa shi ne shaidar an san da haƙƙinta. Ita ma matar mamaci, ban da tumunin takaba, tana da abin da ya kamata a ware tun farko: ragowar sadakinta in akwai, da bashin da mijin ya ci daga sana'arta, da awaki ko shanunta da suke garkensa. Game da kayan cikin gida, ƙa'ida ita ce abin da aka san na mata ne a bar wa mace da rantsuwarta. In kuwa tana da ciki, Malikiyya suna dakatar da rabo har ta haihu.

6.0 A gaban alƙali

Yawancin rabo a gida ake yinsa, a gaban liman ko malamin unguwa da mai gari da dattawa. Wannan tsohuwar ɗabi'a ce, wadda ushirar da kotunan En'e suke cirewa daga dukiyar da suka raba ta ƙarfafa. Kotunan En'e sun koma kotunan yanki a 1968, a Jihar Katsina kuma kotunan shari'a suka maye gurbinsu a 2000. Mai da'awar cewa wani abu ba na mamaci ba ne shi zai kawo shaida, maza biyu adalai, ko namiji ɗaya da mata biyu, ko shaida ɗaya da rantsuwa, tun da magana ce ta dukiya. Mai bin mamaci bashi, ko ya kawo shaidu, sai ya ƙara da rantsuwar cewa ba a biya shi ba kuma bai yafe ba, domin wanda ake ƙara ba ya nan balle ya kare kansa. Kafin hukunci alƙali ya kan yi i'izari, watau ya tambayi wanda hukunci zai hau kansa ko yana da sauran hujja.

Bambancin gado da mallaka ya kai har ga hurumin kotuna. Sashe na 277 na Tsarin Mulkin 1999 ya ba Kotun Ɗaukaka Ƙara ta Shari'a ikon sauraron abin da ya shafi waƙafi da kyauta da wasiyya da gadon Musulmi. A shari'ar Magaji da Matari ta shekarar 2000, Kotun Ƙoli ta yanke cewa jayayya a kan wane ne mai gona ba ta cikin wannan hurumi. Saboda haka mutum zai iya shekaru yana bin ƙararsa, a ƙarshe a rushe hukunci don an ɗaukaka ta a kotun da ba ta dace ba.

Wasiyya irin ta boko ita ma ta taɓa kawo ruɗani. A shari'ar Yunusa da Adesubokan, wani Musulmi mazaunin Zariya ya rubuta wasiyya bisa dokar Ingila ta 1837, ya fifita wasu 'ya'yansa a kan wani. A 1968 Mai Shari'a Muhammadu Bello, mutumin Katsina wanda daga baya ya zama Babban Jojin Nijeriya daga 1987 zuwa 1995, ya yanke cewa wasiyyar ba za ta ƙetare iyakar da Malikiyya suka sa ba. A 1971 Kotun Ƙoli ta soke hukuncinsa, ta ce dokar Ingila ce take da rinjaye. Daga baya wasu jihohi, ciki har da Kaduna da Kwara, suka yi nasu dokokin wasiyya da suka keɓe Musulmi, har Kotun Ɗaukaka Ƙara ta rushe irin wannan wasiyya a shari'ar Ajibaiye ta 2007.

7.0 Gudun hijira da sabuwar matsala

Hare-haren 'yan bindiga da suka tsananta a Faskari da Sabuwa da Ƙanƙara, waɗanda sace ɗaliban makarantar sakandaren kimiyya ta Ƙanƙara fiye da 300 a Disamba 2020 ya sanar da duniya, sun ƙara wa wannan al'amari nauyi. Iyalai sun bar ƙauyukansu zuwa Funtuwa da sauran garuruwa, gonakinsu suka zauna saura ko suka shiga hannun waɗanda suka rage. An sayar da gonaki ko an jinginar da su da gaggawa don biyan kuɗin fansa, wasu daga cikin gadon da ba a raba ba. Dattawan da suka san iyaka da asalin kowace gona sun warwatse ko sun rasu.

Ƙa'idojin da aka ambata suna da amsa ga wani ɓangare. Wanda tsoro ya kora ba mai shiru da gangan ba ne, hauzi bai kamata ya hau kansa ba. Wanda ya ɓace ba a san ransa ko mutuwarsa ba, ba a raba dukiyarsa sai an tabbatar da rasuwarsa ko alƙali ya yi hukunci da ita, kuma sanannen zancen Malikiyya shi ne a jira ya kai shekara 70 daga haihuwarsa. Amma kowace ƙa'ida shaida take bukata, shaidar kuwa ita ce ta fi salwanta.

8.0 Kammalawa

An ga cewa rikicin dukiyar mamaci a wannan yanki yana tsirowa ne daga abubuwan da aka bari a dunƙule tun mai dukiya yana da rai: gayaunar da ba a faɗi matsayinta ba, da kyautar da ba a karɓa ba, da aro da riƙon da ba a rubuta ba, da rabon mata da aka jinkirta. Maganinsa a hannun rayayye yake. Uba ya zaɓi lafazin da ya fayyace nufinsa a gaban shaidu, ya miƙa abin da ya bayar. A rubuta aro da jingina, da boko ko da ajami, kowane ɓangare ya riƙe takarda. A yi rabo da wuri a san iyakar kowa, in ya so 'yan'uwa su ci gaba da noma tare bisa yarda.

Ga masu nazarin harshe kuma akwai aiki a gaba. Littattafan shari'o'in kotunan Funtuwa da Faskari da Ƙanƙara suna ɗauke da maganganun manoma da na shaidu kamar yadda suka fito daga bakinsu. Tattara lafuzzan bayarwa da riƙewa da suke cikinsu, a kwatanta da ma'anar da alƙalai suka ba kowanne, zai amfani masu ƙamus, zai kuma amfani alƙalan kansu.